BA A ƁARI A KWASHE DUKA: Lauya Stevens da Bashin Baiwa Charity

Gabatarwa

Akwai wata tambaya da ta daɗe tana kai-komo a tsakanin masu tunani, wadda kowane mai hankali zai iya cin karo da ita a rayuwarsa ko da bai taɓa buɗe littafin falsafa ba. Tambayar ita ce: idan mutum ya cuci wani mutum guda a lokacin ƙuruciyarsa, sa'an nan ya shafe sauran kwanakinsa yana ceton dubban jama'a daga irin wannan cutar, shin ya biya bashin da ke kansa? Wasu za su ce ai ya biya har da ƙari. Wasu kuwa za su ce, to shi wanda aka cuta ɗin fa, me ya shiga hannunsa?

Domin kada maganar ta tsaya a iska, ya kyautu mu ɗauki rayuwar mutum guda mu auna ta. Mutumin da za mu ɗauka shi ne Thaddeus Stevens, lauya kuma ɗan majalisar dokoki da ya rayu a ƙasar Amurka daga 1792 zuwa 1868. Masana tarihin ƙasar sun haɗu a kan cewa yana cikin 'yan majalisar da suka fi kowa tsayawa kai da fata wajen ganin an kashe bauta. Amma kuma shi ɗin ne, yana ɗan shekara 29, ya tsaya a gaban kotu ya yi amfani da basirarsa aka mayar da wata baiwa da 'ya'yanta biyu hannun masu su. Waɗannan abubuwa biyu duk gaskiya ne, kuma a jikin mutum ɗaya suka haɗu.

Asalinsa da Tashinsa

An haifi Stevens ranar 4 ga Afrilu, 1792, a wani ƙaramin gari mai suna Danville a jihar Vermont, can arewa maso gabashin Amurka. Ya zo duniya da ƙafa ɗaya a murɗe, saboda haka da ɗingishi ya yi tafiya iyakar rayuwarsa. Mahaifinsa mai ɗinkin takalma ne, kuma tun Stevens yana yaro ya sa kai ya bar gida, bai sake dawowa ba. Ɗawainiyar 'ya'ya maza huɗu ta faɗo kan mahaifiyarsu Sarah, wadda ta ɗaura ɗamarar ganin cewa ɗanta mai lalurar ƙafa ya yi karatu, tun da yake aikin ƙarfi ba zai fisshe shi ba. Haƙarta ta cim ma ruwa, domin ya gama kwalejin Dartmouth a 1814.

Daga nan ya gangara jihar Pennsylvania, ya kama koyarwa a wata makaranta a garin York, yana karatun shari'a a lokacin da ya tashi daga aiki. A 1816 ya buɗe ofishin lauya a Gettysburg, gari mai tazarar 'yan mil kaɗan daga iyakar jihar Maryland. Wannan iyaka tana da muhimmanci ƙwarai ga abin da za mu tattauna, domin a wancan zamani ita ce ta raba jihar da ta kama hanyar barin bauta da jihar da ke riƙe da ita gam. Cikin 'yan shekaru sunan matashin lauyan ya zagaye yankin. Daga cikin shari'u goma na farko da ya kai gaban Kotun Ƙolin jihar, ya yi nasara a tara. Ɗaya daga cikin taran nan ce za mu duba.

Shari'ar Charity Butler

Tun a 1780 jihar Pennsylvania ta kafa dokar kawar da bauta sannu a hankali. Dokar ta ce duk ɗan da baiwa ta haifa daga wannan lokaci ba bawa ba ne, sai dai zai yi wa ubangijin uwarsa hidima har ya kai shekara 28. Haka kuma ta ce baƙon da ya shigo jihar da bawansa yana iya riƙe shi, amma idan zaman ya wuce wata shida, to bawan ya zama ɗa.

Charity baiwa ce a Maryland. Ubangijinta ya ba da ita haya ga wani iyali da ke zaune kusa da iyaka, uwargidan kuwa takan tsallaka da ita Pennsylvania lokaci zuwa lokaci domin ta yi mata raino. Daga baya Charity ta auri wani baƙar fata wanda ba bawa ba ne, mai suna Henry Butler, suka haifi 'ya'ya biyu. A dokar Maryland kuwa ɗa uwarsa yake bi, wato in uwa baiwa ce, abin da ta haifa ma dukiyar ubangijinta ne, ko da uban ɗa ne. Sai aka shigar da ƙara a madadinsu, ana cewa idan aka tattara kwanakin da Charity ta yi a Pennsylvania a tafiye-tafiyen nan, sun haura wata shida, saboda haka ita ɗiya ce, 'ya'yanta ma 'ya'ya ne.

Stevens ne ya tsaya wa ɓangaren masu baiwar. Hujjarsa gajeriya ce kuma mai kaifi. Ya ce wata shidan da doka ta ambata zama ne guda a jere, ba guntaye da za a tsinto daga shekaru daban-daban a harhaɗa ba. A 1821 Kotun Ƙolin Pennsylvania ta yarda da shi. Charity da 'ya'yanta suka zauna cikin bauta. Masu rubuta tarihin Stevens sun ce daga baya ya yi da-na-sanin cin wannan shari'a. To, Hausawa dai sun ce da-na-sani ƙeya ce.

Uzurin da Za a Iya Kawo Masa

Kafin mu ɗora masa laifi, adalci ne mu saurari abin da mai kare shi zai faɗa, domin uzurin ba na banza ba ne.

Uzuri na farko shi ne cewa lauya ba alƙali ba ne. Aikinsa shi ne ya gabatar da hujjar wanda ya ɗauke shi iyakar ƙoƙarinsa, ɗaya ɓangaren ma nasu lauyan ya gabatar da tasu, alƙali ya yanke. Idan lauyoyi suka ce sai wanda suka gamsu da gaskiyarsa za su tsaya wa, to wanda jama'a suka tsana ba zai taɓa samun mai yi masa magana ba, alhali sau da yawa wanda aka tsana ɗin shi ne mai gaskiya. Wannan magana ce mai nauyi, kuma ban ga hanyar ƙaryata ta ba. Sai dai an gina ta ne domin kare mai rauni daga mai ƙarfi. Mutumin da hukuma ta gurfanar tana neman ransa, ko da shi ne mafi sharrin gari, ya cancanci lauya, domin hukuma tana da 'yan sanda da kurkuku da igiyar rataya, shi kuwa ba shi da komai. A shari'ar Charity ina ƙarfin yake? Yana wajen masu dukiya, waɗanda doka da al'ada da kuɗi duk suke bayansu. Stevens ya ɗauki basirarsa ya ƙara wa mai ƙarfi ƙarfi a kan mace mai neman kanta da 'ya'yanta.

Za a ce ai da zarar ya karɓi aikin dole ne ya yi shi da kyau, tun da kowa ya ci ladan kuturu sai ya yi masa aski. Haka ne. Amma wannan karin magana tana nuna mana ne daidai inda zaɓin yake, wato kafin a ci ladan. Babu wanda ya tilasta wa Stevens karɓar shari'ar. Ba kotu ce ta naɗa shi ba, kuma ba yunwa ce ta kore shi ba, domin a lokacin kasuwarsa ta riga ta buɗe.

Uzuri na biyu shi ne cewa da ya ƙi, wani lauyan ne zai karɓa, sakamakon kuma ɗaya ne. Wannan shi ne uzurin da kowane ƙaramin ma'aikacin zalunci yake kwana da shi. Bauta a Amurka ba a kan iyayengijin bayi kaɗai ta tsaya ba. Ta tsaya a kan akawun da ya rubuta takardar ciniki, da dillalin da ya yi gwanjo, da maƙerin da ya ƙera mari, da lauyan da ya nemo kafa a cikin doka, kuma kowannensu yana iya cewa da ban yi ba wani zai yi. Ko da gaskiya ne wani zai yi, abin da wani zai aikata ba ya cikin littafinka, naka shi ne abin da hannunka ya taɓa. Masu iya magana sun ce zomo ba ya fushi da makashinsa sai da maratayinsa.

Uzuri na uku shi ne na zamani, wato kada mu auna mutanen da da mudun yau. Wannan ma akwai gaskiya a cikinsa, amma bai rufe Stevens ba. Jihar da yake zaune ta riga ta yanke tun shekara 41 kafin shari'ar cewa bauta abin kawarwa ce. Ƙungiyar yaƙi da bauta ta Pennsylvania an kafa ta tun 1775. A cikin kotun nan kanta akwai lauyoyin da suka tsaya wa Charity, kuma su ma 'yan wannan zamanin ne. Daɗin daɗawa, ita Charity ba ta bukaci a jira shekara ɗari kafin ta san cewa an zalunce ta ba.

Abin da ya fi ɗaure kai a nan shi ne, Stevens bai yi ƙarya ba, bai sayi shaida ba, bai ba alƙali toshiya ba. Fassarar da ya yi wa dokar fassara ce da alƙalai suka ga ta dace da lafazinta. Ashe ke nan mutum yana iya cutar da wani cuta mai tsanani ba tare da ya taka doka ko guda ba. Doka iyaka ce ta ƙasa-ƙasa da hukuma ta shata. Adalci ya fi ta faɗi, kuma wanda ya ce duk abin da doka ta yarda da shi halal ne gare shi, ya miƙa zuciyarsa ajiya ga 'yan majalisa.

Rabon Sa'a a Cikin Laifi

Akwai wani lauya da ya aikata kusan irin abin da Stevens ya aikata, amma ba kasafai ake tuna masa ba. Shi ne Abraham Lincoln, wanda daga baya ya zama shugaban Amurka. A 1847, a jihar Illinois, Lincoln ya tsaya wa wani mai bayi daga Kentucky mai suna Robert Matson, wanda yake neman a mayar masa da wata mata, Jane Bryant, da 'ya'yanta huɗu. Hujjar da aka kawo ta yi kama da ta Stevens, wato zamansu a Illinois na wucin-gadi ne. Kotu ba ta yarda ba. Aka 'yanta Jane da 'ya'yanta, daga baya iyalin suka tafi Laberiya.

To, mai karatu, a tsakanin lauyoyin nan biyu wane ne ya fi laifi? In niyya za mu duba, ɗaya suke, domin kowannensu ya karɓi aikin mayar da uwa da 'ya'yanta cikin bauta, kuma kowannensu ya shiga kotu ne domin ya ci. Abin da ya raba su hukuncin alƙalai ne, wanda ba a hannunsu yake ba. Lincoln faɗuwarsa ce ta cece shi. Stevens kuwa nasararsa ce ta ɗora masa kaya. Direbobi biyu ne suka yi gudun ganganci a kan titi ɗaya, na farko bai haɗu da kowa ba, na biyu yaro ya gifta masa. Gangancinsu ɗaya, amma gida ɗaya ne kawai aka yi zaman makoki.

Darasi biyu nake gani a nan. Na farko, wanda ya tsira da sa'a kada ya ɗauka shi mai tsarki ne, domin laifi tudu ne, kowa yakan taka nasa ya hango na wani. Na biyu, wanda sa'a ba ta rufa wa asiri ba, ba zai iya cewa tun da niyyata ɗaya da ta wane to nauyinmu ɗaya ba. Akwai mutum mai suna da fuska wanda abin ya faɗa wa, kuma ta hannunka ya faɗa masa. Wannan nauyi na daban ne.

Abin da Ya Yi da Sauran Rayuwarsa

Ba sai mun ce shari'ar Charity ce kaɗai ta juya Stevens ba. Ya tashi a Vermont, inda aka hana bauta tun 1777, kuma ya ɗanɗani talauci da rainin da ake yi wa mai naƙasa. Amma abin da ke a fili shi ne, bayan wannan shari'a hanyarsa ta karkata, kuma ba ta sake komawa ba. Ya shiga tsaya wa bayin da suka gudo daga kudu, sau da yawa ba tare da karɓar ko sisi ba.

An zaɓe shi majalisar dokokin Pennsylvania a 1833. Shekara guda bayan haka jihar ta kafa dokar ilimi kyauta, domin a da sai iyaye sun rubuta kansu a matsayin matalauta kafin hukuma ta biya wa ɗansu kuɗin makaranta, abin da mutane da yawa suka gwammace ɗansu ya zauna a gida da su yi shi. Masu ƙin biyan haraji suka taso, suka tara sa hannun mutum wajen 32,000 a takardar koke, majalisar dattawan jihar ma ta amince a soke dokar. Ranar 11 ga Afrilu, 1835, Stevens ya miƙe a majalisar wakilai ya yi jawabin da ya juya ra'ayin 'yan'uwansa, dokar ta tsira. Ya yi haka ne kuwa duk da cewa gwamnan da ya kawo dokar, George Wolf, abokin hamayyarsa ne a siyasa. A taron sake tsarin mulkin jihar na 1837 zuwa 1838, da aka rubuta cewa farar fata kaɗai ne za su yi zaɓe, Stevens ya ƙi sa hannu.

Ya koma garin Lancaster a 1842, aka kuma zaɓe shi majalisar wakilai ta tarayya, ya zauna daga 1849 zuwa 1853. A wannan lokaci ne, a 1850, aka kafa dokar kamo bayin da suka gudu, wadda ta wajabta wa kowane ɗan ƙasa taimaka wa masu kamun. A watan Satumba na 1851 wani mai bayi daga Maryland, Edward Gorsuch, ya zo ƙauyen Christiana da ke mazaɓar Stevens tare da jami'in gwamnati domin kama bayinsa huɗu. Baƙaƙen fatar yankin suka yi tirjiya, aka yi arangama, Gorsuch ya rasa ransa. Gwamnatin tarayya ta tuhumi mutum fiye da 30 da cin amanar ƙasa, laifin da hukuncinsa kisa ne. Wanda aka fara gurfanarwa a Filadelfiya shi ne Castner Hanway, wani Bature mai injin niƙa, wanda ya ƙi taimaka wa masu kamun. Stevens yana cikin lauyoyin da suka kare shi, kuma mutanen da aka zaɓo daga cikin jama'a domin yanke hukunci ba su wuce kimanin minti 15 ba suka ce ba shi da laifi. Sauran tuhume-tuhumen ma suka rushe. Dubi yadda abin ya juya. Shekara 30 cif bayan shari'ar Charity, ga mai bayi daga Maryland, ga bayin da suka tsallako iyaka, ga kotu, ga Stevens, amma a wannan karon yana ɗaya ɓangaren. Bai sha da daɗi ba, domin jam'iyyarsa ba ta sake tsayar da shi a zaɓen 1852 ba.

Ya dawo majalisa a 1859, ya zauna har mutuwarsa. A lokacin yaƙin basasa na 1861 zuwa 1865 shi ne shugaban kwamitin da ke nemo kuɗin yaƙi, kuma bai daina matsa wa Lincoln lamba ba a kan ya 'yanta bayi ya kuma ɗauki baƙaƙen fata aikin soja. A 1863 sojojin kudu suka ƙona masana'antarsa ta narka ƙarfe da ke Caledonia. Ranar 31 ga Janairu, 1865, majalisar wakilai ta amince da gyara na 13 ga tsarin mulki da ƙuri'a 119 a kan 56, gyaran da ya haramta bauta a ƙasar baki ɗaya. Mutum kusan miliyan huɗu ne ke cikin bauta a ƙidayar 1860.

Bai tsaya nan ba. Ya nemi a karɓe gonakin manyan masu bayi a raba wa waɗanda aka 'yanta eka 40 kowanne, domin a ganinsa 'yancin da babu abin noma a cikinsa rabin 'yanci ne. Wannan bai samu karɓuwa ba. Ya ja gaba wajen gyara na 14, wanda ya mayar da duk wanda aka haifa a ƙasar ɗan ƙasa, ya kuma wajabta daidaito a gaban doka. Gyaran da ya fito a 1866 bai kai yadda ya so ba, domin bai ba baƙaƙen fata ƙuri'a kai tsaye ba, amma ya karɓa, yana mai cewa a cikin mutane yake zaune ba a cikin mala'iku ba. Da babu gara ba daɗi. A kan wannan gyaran ne Kotun Ƙolin Amurka ta dogara a 1954 lokacin da ta hana raba makarantu bisa launin fata.

Ya rasu a Washinton ranar 11 ga Agusta, 1868. Ya yi wasiyya a binne shi a wata ƙaramar maƙabarta a Lancaster wadda ba ta hana binne baƙar fata, ya kuma bar dala 50,000 domin a gina makarantar marayu da ba za a duba launin kowa ba wajen ɗauka. An kafa makarantar a 1905, kuma tana ɗauke da sunansa. Ba waliyyi ba ne, domin an san shi da caca da ɗacin baki, kuma ba ya saurin yafe wa abokin gaba. Amma a kan wannan magana ɗaya bai yi sanyi ba har ya bar duniya.

To, Ya Biya ko Bai Biya Ba?

Mai lissafi zai ce abin ai a fili yake: mutum uku a hannu ɗaya, miliyan huɗu a ɗaya hannun. Ni ban yarda da wannan lissafi ba, domin mutane ba hatsi ba ne da za a ɗebi mudu a wannan buhu a cika da mudu ɗari a wancan. Shekarun da Charity ta yi tana bauta nata ne ita kaɗai. 'Yancin da wata mata ta samu a wata jiha shekara 44 bayan haka abin farin ciki ne, amma bai mayar wa Charity ko yini guda ba. Wanda ya ci bashin Audu ba ya biya ta hanyar yi wa Garba kyauta, komai girman kyautar.

Malamanmu sun daɗe da rarrabe wannan. Sun ce laifi iri biyu ne, akwai wanda ke tsakanin mutum da Ubangijinsa, akwai wanda ya rataya da haƙƙin wani. Na farko nadama da dainawa da ƙudurin rashin komawa sun wadatar. Na biyu kuwa sai an ƙara da mayar da haƙƙin ga mai shi ko neman yafewarsa. Ba na kawo wannan ne domin in yanke wa Stevens hukuncin lahira ba, wannan ba hurumin kowa ba ne. Na kawo shi ne domin ma'auni ne mai kyau, wanda yake hana mu mantawa da cewa a ƙarshen kowane zalunci akwai wani mutum takamaimai, kuma shi ne mai bashin.

Akwai kuma haɗari babba a cikin lissafin mudu. Idan muka yarda cewa alheri mai yawa yana goge zalunci ƙarami, to mun ba kowa lasisin cuta tun kafin ya fara. Sai mutum ya ce bari in danne gonar marayan nan yanzu, in na yi arziki na gina asibiti. Sai ma'aikaci ya ce bari in sa hannu a wannan takarda ko da na san za ta kori marar laifi, in na zama babba na gyara ofishin duka. Mu malaman makaranta ma ba mu fita ba, domin yaron da aka karya wa gwiwa da hukuncin son rai ba ya warkewa don an yaye ɗalibai dubu bayansa da sakamako mai kyau.

Sai dai akwai kuskure na biyu a ɗaya gefen, kuma a wannan zamani ya fi yawa. Shi ne na mutumin da zai tono shari'ar 1821 ya ce ashe Stevens munafuki ne, duk abin da ya yi daga baya wasan kwaikwayo ne. Wannan ma zalunci ne. Idan aka ce wanda ya taɓa yin kuskure ba shi da bakin magana har abada, to an rufe ƙofar gyara, an kuma gaya wa kowane mai laifi cewa tun da ya riga ya jiƙe gara ya ci gaba da tafiya cikin ruwan. Da Stevens ya ɗauki wannan shawara ya ce ni wane ne da zan yi maganar bayi, da ba a same shi a shari'ar Christiana ba, da kuma ba a same shi a majalisa a 1865 ba. Wa zai amfana da shirunsa? Ba Charity ba dai.

Saboda haka tilas ne mu riƙe abubuwa biyu a lokaci ɗaya. Bashin yana nan, kuma mutumin ya sake. Alamun da ke nuna cewa sakewar ta gaske ce suna bayyane a rayuwarsa. Makamin da ya yi cutar da shi, wato sanin doka da kaifin harshe, shi ya juya ya yi kariya da shi. Gyaran ya ci masa kujerar majalisa a 1852, ya ci masa dukiya a 1863. Kuma bai yi shi na shekara ɗaya ya huta ba, ya ɗore a kai fiye da shekara 40, har zuwa zaɓen inda za a haƙa kabarinsa. Tuban da ba ta ci wa mai ita komai ba, akwai alamar tambaya a kanta.

Kammalawa

Abin da rayuwar Stevens take koya mana ya kasu biyu, gwargwadon inda mutum yake tsaye. Wanda bai riga ya sa hannu ba, wanda takardar take gabansa da alƙalami a hannunsa, ya sani cewa ba a ɓari a kwashe duka. Kada ya yaudari kansa da alherin da zai yi gobe, kada kuma ya ɓuya a bayan cewa aikinsa yake yi ko doka ta yarda. Wanda kuwa ya riga ya yi ɓarin, to ya nemi mai haƙƙin tun ana iya samunsa, ya mayar masa da abinsa. In hakan ya gagara, ya duƙa ya kwashe abin da zai kwasu, ya tsare wasu daga irin ramin da ya tura wani, amma kada ya ce wa kansa an yi daidai, ba a bin sa komai.

Mu kuma masu karanta tarihi, duk lokacin da muka ambaci Thaddeus Stevens da gyara na 13 da na 14 da makarantun kyauta, ya kamata mu ambaci Charity Butler da mijinta Henry da 'ya'yansu biyu. Ambaton ba zai rage shi da komai ba, kuma haƙƙinsu ne a ambace su. Allah Ya tsare mu da ɗaukar haƙƙin wani, Ya ba mu ikon gyarawa tun da sauran lokaci, amin.